Giga 20 ya rage, gem ɗin giga 14 ne, me ya sa PS3 ta ce babu wuri?

Abu biyu ka tambaye ni a haɗe. Na farko, me ya sa PS3 ɗin nan, injin gem na Sony da aka kawo maka, ta ce babu wuri alhali giga 20 ya rage a cikinta, gem ɗin da za ka zuba kuma giga 14 ne kacal. Na biyu, ko ka yi mata fomatin kawai, wato ka goge duk abin da ke cikinta, ka huta. Na biyun zan fara amsa maka saboda shi ne mai hatsari: kada ka yi. Ajiye hannun gem ɗin nan tukuna, yaro, ka saurare ni.

Gem ɗin da aka sauke daga intanet a ƙunshe yake zuwa, fayil guda mai ƙarewa da pkg. Ƙunshin nan ba ya buguwa. Sai injin ya kwance shi ya jera abin da ke ciki a wani wuri daban, kuma duk tsawon lokacin da yake wannan aiki ƙunshin na nan zaune yana cin nasa wurin. Kamar mai juye hatsi ne daga buhu zuwa randa a ɗaki ɗaya, dole ɗakin ya ɗauki buhun da randar tare kafin a fitar da buhun. To gem mai giga 14 wurin giga 28 yake nema, ka kuma bar masa ɗan sarari a kai. Giga 20 ɗinka bai kai ba, injin bai yi ƙarya ba. Idan daga kantin Sony aka sauke shi, injin da kansa yake share ƙunshin bayan ya gama. Idan kuwa kai ne ka kwafa shi cikin foldar packages a injin da aka yi wa jelbirek, wato aka fasa kullen Sony domin ya karɓi gem daga waje, yana nan har sai ka je ka cire shi da hannunka. Inji da yawa da ake kawowa wai ya cika, in ka leƙa foldar nan sai ka tarar da tsofaffin ƙunshi jibge, an girka su tuntuni an manta.

Kafin ka goge ko da mega ɗaya, ka san abin da kake gogewa. A ƙarƙashin layin Game wurare uku ne, kuma ba darajarsu ɗaya ba. Akwai gem ɗin kansa, hotonsa na nan a jere. Akwai Game Data Utility, inda injin ke ajiye abin da faifai ya zuba a ciki da kuma sabuntawar da gem ya sauke. GTA V kaɗai, wanda ya fito a 2013, giga 8 yake zubawa a nan kafin ya yarda ya tashi, ko da kuwa faifansa na cikin inji. Mutum ya ari faifai ya buga ya mayar, amma giga 8 ɗin nan tana nan. A wannan wuri ake samun filin da kake nema. Sai na uku, Saved Data Utility, inda aka ajiye ci gaban da mai inji ya yi: kofin da ya ci a Master League na gem ɗin ƙwallon PES, matakin da ya kai a God of War, motocin da ya tara. Wannan ba ya cin wuri, yawancinsu 'yan kilobayit ne ko mega kaɗan, saboda haka goge shi ba zai ƙara maka komai ba. Amma shi kaɗai ne abin da babu shagon da ke sayar da shi. Gem ya ɓace a sake zubawa. Wata shida da yaro ya yi yana gina ƙungiyarsa fa, wa zai dawo masa da ita?

Don haka a shagon nan, inji na shigowa, aikin farko shi ne kwafar ajiyar mai shi. Ka sa filash, ka shiga Saved Data Utility, ka tsaya kan gem ɗin ka danna maɓallin alwatika, ka zaɓi Copy. Injin zai buɗe folda mai suna PS3 a filash ɗin, a cikinta wata SAVEDATA. Ka duba masu amfani nawa ne a injin, domin kowane suna da tasa ajiyar, kuma in ka goge sunan mutum ajiyarsa ta tafi tare da shi. A gidan da 'yan'uwa huɗu ke rabon inji ɗaya, sunaye huɗu za ka bi ɗaya bayan ɗaya. Wasu gem ɗin sun kulle ajiyarsu, ba sa yarda a kwafa ta wannan hanya. In ka ci karo da irin su ka faɗa wa mai inji tun kafin ka taɓa komai, ya yanke shawara da bakinsa.

Ko a Game Data ma kada ka shiga da gatari. Ka riƙa karanta sunan kana tambaya, wannan kana bugawa? Akwai gem ƙalilan, irin LittleBigPlanet, da ke ajiye abin mai wasa a can. Kuma masu gidajen gem, waɗanda PES ce abincinsu, sau da yawa kwaskwarimar da aka yi wa gem ɗin ta sababbin 'yan wasa da riguna a nan take zaune. PES 2018 ce ta ƙarshe da ta fito a PS3, FIFA kuma a 19 ta tsaya, saboda haka duk wanda ka ga yana buga kakar bana a injin nan, kwaskwarima ce a kan tsohon gem. Ka goge masa ita ranar Juma'a, ka kashe masa cinikin ƙarshen mako.

Yanzu batun filash, domin na san nan za ka sake tuntuɓe. PS3 ta fito ne a 2006, kuma tsarin shirya filash mai suna FAT32 kaɗai ta sani. Ka sa mata filash mai NTFS ko exFAT, za ta yi kamar ba a sa komai ba. Shi kuma FAT32 ba ya ɗaukar fayil guda da ya wuce giga 4, ko da filash ɗin giga 128 ce babu komai a ciki. Shi ya sa kwamfuta ke ce maka fayil ya yi girma alhali kana ganin wuri fal. A injin da aka yi wa jelbirek hanyoyi ne a gabanka: a raba fayil ɗin gida-gida, ko a yi amfani da manhaja irin multiMAN ko IRISMAN da ke iya karanta NTFS, ko a haɗa inji da laftof a tura ta FTP, hanyar tura fayil tsakanin na'urori biyu. Ni ta ƙarshen nan na fi so, amma da waya, ba ta Wi-Fi ba. Wi-Fi ɗin PS3 tsohon yayi ne, yana rarrafe, yana kuma yankewa a tsakiyar aiki, alhali ramin wayar intanet da ke bayanta mai gudu ne sosai. Fayil da ya yanke a hanya shi ne ke kawo kuskuren 80029564 lokacin girkawa. In ka ga lambar nan kada ka zargi inji, ka gwada girman fayil ɗin da na asali ka sake kwafa.

Akwai wani ɗan abu da yara da yawa ba sa kula da shi, ga shi kuma yana hana barci. Ɗauko kwalin faifan can ka duba gefensa ta ƙasa. Ka ga haruffa huɗu da lambobi biyar? BLES na Turai ne, BLUS na Amurka. Na Sony da kanta BCES ne da BCUS. Waɗanda aka sauke daga kanti kuma za ka ga irin NPEB da NPUB. Gem ɗaya ne, suna ɗaya, hoto ɗaya, amma a wurin inji abubuwa ne daban. Sabuntawar BLUS ba ta hawa kan BLES, ƙarin kayan wasa ma haka, ajiya ma galibi haka. Saboda haka in za ka sake zuba wa mutum gem ɗin da ya daɗe yana bugawa, ka duba lambar ajiyarsa tukuna, ka zuba mai irin lambar. In ka sa masa na wani yanki zai koma gida ya tarar gem ɗin ya fara daga farko, ya dawo yana cewa ka goge masa, alhali ajiyar na nan, gem ɗin ne bai san ta ba.

Ka kuma san irin injin da ke gabanka. Ka juya shi ka karanta lambar CECH a bayansa. Mai ƙiba na farko da yawancin silim na 2009 zuwa samfurin 2500 suna ɗaukar cikakken jelbirek. Samfurin 3000 da sufa silim na 2012, mai murfin da ake turawa gefe, HEN, wato ƙaramin jelbirek, kawai suke ɗauka, shi kuma sai an kunna shi duk lokacin da aka tayar da inji. Kwastoma ya manta bai kunna ba, gem ya ba shi kuskuren 80010017, ya ɗauko inji a kan babur ya taho. Ka koya masa wannan tun a shago, ka sa ya yi da hannunsa kana kallo. Ka ja masa kunne kada ya danna System Update don Sony na ci gaba da fitar da sabuntawa, kuma in ya shiga PSN, dandalin intanet na Sony, da irin wannan inji ana iya rufe masa asusu. Wanda injinsa bai taɓu ba kuma ya sayi gem ɗinsa a kanti, kada ka fasa masa shi don kawai ya fi maka sauƙi. Kantin PS3 na aiki, Sony ta yi niyyar rufe shi a 2021 ta fasa, kuma duk abin da mutum ya saya yana nan a Download List ɗinsa, ya goge ya sake saukewa yadda ya ga dama.

In gogewa ba ta wadatar ba, sai a canja faifan ajiya na cikin inji, wato hard disk. Irin na laftof ne, SATA mai inci 2.5, kuma tera 1 ya ishe ka, kada ka wuce nan. Mai giga 500 zai nuna maka 465, sannan inji ya ware wa kansa wani kaso, wannan ba cuta ba ce. Amma ka riƙe wannan da kyau: kowane inji yana kulle faifansa da makullinsa. Ka cire faifan wannan ka sa a wancan, abin da zai fara nema shi ne fomatin. Ko kwamfuta ka sa wa, in ta ce a shirya faifan ka amsa mata, ka lalata shi. Kafin ka kwance ƙusa ko ɗaya, ka tanadi fayil ɗin PS3UPDAT.PUP a filash, cikin foldar UPDATE da ke cikin foldar PS3, duka da manyan haruffa.

Sannan wuta. Kada ka girka gem ko sabuntawa a kan wutar da ba ka da tabbas a kanta, ka jona a inbata. Ɗauke wuta a tsakiyar rubutu shi ke sa inji ya tashi yana cewa tsarin fayil ya lalace. In hakan ta faru, ka kashe shi, ka danne maɓallin kunnawa har ya kunnu ya sake mutuwa, ka sake dannewa har ka ji ƙara biyu a jere, ka saki, ka jona hannun gem da wayarsa. Zaɓi shida za ka gani. Na uku, Restore File System, da na huɗu, Rebuild Database, su ne naka, na huɗun ma shi ke dawo da hoton gem da ya ɓace daga jeri. Na biyar, Restore PS3 System, shi ne fomatin ɗin da ka tambaya, sunansa ne kawai ya yi kama da na uku. Ka karanta sau biyu kafin ka danna.

Shi wannan injin da ke kan teburinka, kira mai shi yanzu ka tambaye shi waɗanne gem ya daina bugawa. Giga 10 kawai kake nema a ƙara a kan 20 ɗin nan. Kwafi ajiyarsa tukuna, sannan ka kawo mini in ga foldar packages ɗin.