Tambaya da Amsa: Gem ɗin da na saya da akawun ɗin yayana zai iya dawowa nawa?

TAMBAYA: Slm Malam, ya aiki ya jama'a. Ni ɗalibi ne a nan Garwa unguwar Yelwa, ni da yayana Nintendo Switch ɗaya muke da ita tun tuni, to duk gem ɗin da muka saya ta intanet da akawun ɗinshi aka saya don shi ke da imel a lokacin, amma wlh Mario Kart 8 da na ƙwallo FC da kuɗina ne, kuɗin da na tara lokacin hutu. Yanzu ya samu jami'a a Gaundare zai tafi, ya sayi Switch Lite tashi ya bar min tsohuwar, ni kuma na buɗe akawun nawa. Yaya zan yi gem ɗina su baro nashi su dawo nawa? Wani abokina ya ce in cire memori kawai in kwafe su. Dan Allah a taimaka kafin ya tafi.

AMSA: Wa alaikumus salam ƙanina, Allah ya ba yayanka sa'ar karatu. Gara in faɗa maka gaskiya tun farko don kar ka yi ta yawo shagon masu gyara suna cin kuɗinka: ba ya yiwuwa. Gem ɗin da aka saya a eShop, wato shagon Nintendo na intanet, yana manne da akawun ɗin da ya saya har abada, Nintendo ba su bar wata ƙofa ta tura shi zuwa wani akawun ba, ba kyauta ba sayarwa, kuma ba su haɗe akawun biyu su zama ɗaya. Ba ruwansu da aljihun da kuɗin ya fito, sunan da ya danna saye shi suka sani. Ka ɗauke shi kamar kuɗin Orange Money, suna kan lamba ne ba cikin wayar ba, sai dai su kuɗi ana tura su, gem kuwa ba a turawa. Na san da ciwo, Mario Kart 8 Deluxe kaɗai yuro 59.99 ne a eShop na Faransa, in ka buga da sefa 656 na kowane yuro ya kusa sefa dubu 40, ba ƙaramin abu ba ne ga ɗalibi.

Maganar memori kuma abokinka bai sani ba ne. Abin da ke kan microSD a kulle yake da na'urar da ta sauke shi, ko ka sa shi a wata Switch ba zai tashi ba, kuma ko a na'ura ɗaya ne sai ta duba ko akawun mai gem ɗin ya ba da izini. Sannan inda ka kai a wasa, wato sebin ɗinka, ba ya ma zama a memori sam, yana cikin cikin na'urar ne.

Amma ka kwantar da hankalinka, abin da kake so a zahiri ai ka ci gaba da buga gem ɗinka ne bayan ya tafi, wannan kuwa akwai hanya kuma halastacciya ce.

Tun ƙarshen watan Afrilu na 2025 da aka saki sabuntawa mai lamba 20.0.0, duk gem ɗin da aka saya ta intanet ya koma kamar kati wanda ake sawa ana cirewa, sai dai ba a riƙe shi a hannu. Akwai alamarshi a layin ƙasa na fuskar farko, in na'urarku a Faransanci take za ka ga Cartes de jeu virtuelles. Akawun ɗaya na iya yawo da katunanshi tsakanin na'ura biyu. To ga yadda za ku yi: akawun ɗin yayanka ya ci gaba da zama a tsohuwar Switch, kar a goge shi, shi kuma ya shiga da akawun ɗin nan dai a Lite ɗinshi, sai ku haɗa na'urorin biyu. Haɗin farko dole suna kusa da juna kuma dukansu da intanet, shi ya sa nake roƙonka ku yi wannan KAFIN ya hau motar Gaundare, in ya riga ya tafi sai dai ku jira hutu. Bayan nan sai ku raba, Mario Kart da FC a bar katinsu cikin taka, sauran ya ɗauke zuwa tashi. Duk katin da ke cikin na'urarka kowa da ke da suna a na'urar, wato shafin da yake shiga wasa da shi, zai iya bugawa, har da sabon akawun ɗinka, kuma da zarar an sa shi ba ya ƙara neman rezo, ko forfe ɗinka na intanet ya ƙare ko kuran, wato wutar lantarki, ya ɗauke da wifi za ka yi wasanka in dai da caji.

Sharaɗin kawai, kati ɗaya ba ya zama a na'ura biyu a lokaci guda. Ranar da ya yi marmarin Mario Kart zai iya janye shi daga can nesa, amma sai taka ma tana kan intanet a cire katin tukuna, kai kuma ka zauna babu har ya maido. Wannan kam tsakaninku ne, ku yi magana tun yanzu wane na wane, don na ga 'yan uwa sun yi gaba a kan abin da bai kai wannan ba.

Akwai hanya ta biyu, aro. Yayanka ya sa akawun ɗinka a rukunin iyalinshi, wanda ke ɗaukar akawun har 8 kuma buɗe shi kyauta ne, sai ya ara maka gem na kwana 14, guda ɗaya tak a lokaci ɗaya, in kwanakin suka cika ya koma wa mai shi da kanshi amma sebin ɗinka na nan. Matsalar ita ce duk aron da za a yi sai na'urorin suna kusa da juna, kai kana Garwa shi yana Dang inda jami'ar Gaundare take, to wa zai riƙa wannan zirga-zirga duk sati biyu? Wannan ta fi dacewa da 'yan gida ɗaya ko maƙwabta, kai ta farkon ce taka.

Inda nake so ka buɗe ido sosai shi ne nan. A cikin saiti akwai wani zaɓi na kwashe mai amfani gaba ɗaya zuwa sabuwar na'ura, in yayanka ya bi ta nan sunanshi da duk sebin ɗinshi za su bar tsohuwar kwata-kwata, gem ɗin kuma su rufe a wajenka. Kar ya taɓa shi. Ya shiga da akawun kawai a Lite, sannan ya tura sebin ɗin gem ɗaya-ɗaya waɗanda yake so. Kai kuma ka duba da wane suna kake wasa duk shekarun nan: in da sunanka daban kake shiga to alhamdulillah, ka liƙa sabon akawun ɗinka a kan wannan sunan, komai naka na nan. In kuwa da sunanshi kake shiga to kofunan da ka ci da motocin da ka buɗe duk nashi ne a idon na'ura, sebin ba ya tsallakawa daga wani suna zuwa wani, sai dai ka ci gaba da shiga da sunanshi ko ka faro daga farko. Kuma ka tabbatar kafin ka liƙa akawun a kan suna, tun 2018 in an liƙa ba a ɓamɓarewa sai an goge sunan, goge suna kuwa yana tafiya da sebin. Daga yau duk abin da za ka saya da kuɗinka ka saya da akawun ɗinka.

TAMBAYA: Malam ina wuni. Na sayi Switch ta hannu a kasuwa a Injamena, mai ita ya ce cike take da gem sun fi 20 shi ya sa ya ƙara min kuɗi sosai, na dawo Kusiri na yi sati biyu ina wasa lafiya lau, rannan na haɗa ta da wifi kawai sai duk suka ƙi buɗewa wai sai mai akawun. Lambar mutumin ba ta shiga. Akwai yadda zan yi in maida su sunana?

AMSA: Malam sai haƙuri, Allah ya mayar maka da alheri. Abin da ka saya na'ura ce, gem ɗin ba su taɓa zama naka ba. Akawun ɗin wani ne ke ciki, ranar da mai shi ya janye izininshi daga na'urar, da zarar ta ga intanet sai ta ji labari ta rufe. Wannan ciniki ya yi yawa yanzu har a WhatsApp da Facebook, mutum ya ce zai sa maka gem na dubu 40 a dubu 5, abin da yake yi shi ne ya sa akawun ɗinshi a na'urarka, gobe ya sayar wa wani ya cire ka, kuma ba ka da inda za ka kai ƙara don dokar Nintendo kanta ta hana sayar da akawun ko raba shi. Ni dai wannan ba na kiranshi araha, haya ce ka biya wadda ba a faɗa maka ranar ƙarewarta ba.

Za a zo a ce maka a kawo a yi mata kutse a zuba gem kyauta. Ka sani na'urar da aka yi wa haka in Nintendo suka gane suna toshe ta daga intanet ɗinsu gaba ɗaya, ba eShop ba wasa da mutane, kuma toshewar na bin na'urar ce ko a hannun wa ta koma. Shawarata ka duba eShop yana buɗewa, in yana buɗewa to na'urarka lafiya take, ka goge sunan mutumin ka buɗe akawun da imel naka. Kamaru da Cadi ba su da eShop nasu shi ya sa yawancin mutanenmu Faransa suke zaɓa, to ka kula katin kuɗin da za ka saya ya dace da ƙasar da ka zaɓa, na dala ba ya shiga akawun ɗin yuro.

Kuma gaskiya a irin wurarenmu da mega ke da tsada ni kati na hannu na fi so. Babu ruwanshi da akawun, ka ara wa wanda kake so, ka gama ka sayar ka cika ka sayi wani, ko ka yi musaya da aboki. Sai dai masu Switch 2, wadda ta fito a Yunin 2025, su duba kwali da kyau, akwai katunan da mabuɗi ne kawai a ciki, sai ka sauke gem ɗin duka ta intanet kafin ka fara, ko da yake su ma ana iya sayar da su.

TAMBAYA: Assalamu alaikum. Ni uwa ce daga Marwa, Domayo. Babansu ya kawo wa yara wannan abin wasan, wani yaro mai shagon waya ya buɗe musu akawun da imel ɗinshi, mun sa kuɗi an sayi wasa uku. Yanzu ɗana ya ce wai wasannin ba namu ba ne na yaron ne. Ko in sa a goge a buɗe sabo?

AMSA: Wa alaikumus salam Hajiya, Allah ya raya mana su. Dan Allah kar a goge komai, in aka goge kuɗin sun tafi. Ɗanki ya yi gaskiya, amma taki mai sauƙi ce, don wasan ba ya canza akawun amma akawun yana canza imel. Ki tura babban ɗanki ko ki je da kanki wajen yaron cikin mutunci, a shiga shafin akawun na Nintendo a waya, a zaɓi canza imel, za a turo lamba zuwa imel ɗinshi ya karanto muku, sai a sa naki ko na babansu a tabbatar da shi. A wurin nan take ki canza lambar sirri, ki rubuta a takarda ki ajiye inda kike ajiye takardun haihuwa. Abu ɗaya za ki tambaye shi tukuna, akawun ɗin na yaranki kaɗai ya buɗe ko wanda yake sa wa kwastomomi da yawa ne? In na jama'a ne ba zai ba ki ba, sai ku yi maganar kuɗi da shi, ki samu wani babba a unguwa ya shiga tsakani. Idan akawun ɗin ya dawo hannunki ki riƙe shi a matsayin na gida, duk saye a yi da shi, yara kowa ya shiga da sunanshi tunda na'ura ɗaya na ɗaukar suna 8, kuma ki sa a riƙa neman lambar sirri kafin a shiga eShop don kar ƙaramin ya danna saye da ragowar kuɗin.

TAMBAYA: Yaya, ni Steam Deck gare ni ba Switch ba, shi ma haka ne?

AMSA: Haka ne ɗan uwa, gem ɗin da ya riga ya shiga akawun ɗinka na Steam, wato shagon gem na wannan na'urar, ba ya fita zuwa na wani, kyauta sai dai tun wajen saye ka zaɓi cewa wa wani kake saya. Abin da suke da shi shi ne Steam Families, mutum 6 su haɗa ɗakin gem ɗinsu kowa da sebin ɗinshi, kwafin gem ɗaya mutum ɗaya ke buga shi a lokaci guda, ba duk gem ne ke yarda a raba shi ba, kuma an yi shi ne don 'yan gida ɗaya. Kar ka yi gaggawar cika gurbin da abokai, in mutum ya fita gurbin nashi ba ya buɗewa sai an cika shekara ɗaya daga ranar da ya shiga.