Filin Masu Gem: Takobin Moonveil, in saya da MoMo ko in je in kashe dodon?

Jama'a barkanmu da wannan mako. Saƙonni uku na ɗauko kuma dukkansu sun taɓo Elden Ring, gem ɗin nan da kamfanin FromSoftware na Japan ya fitar a watan Fabrairun 2022 wanda har yau samarin Zango basu gaji dashi ba. Toh bismillah.

TAMBAYA: Salam Yaya, fatan kana lafiya ya aiki. Dan Allah taimako nake nema. Ina buga Elden Ring a PS4 ɗin yayana idan ya tafi shago Adum, na zaɓi Samurai yanzu ina lebul 24. Na ga bidiyon wani takobi Moonveil mai fidda shuɗin haske wlh tun ranar bana iya bacci, naje ramin da akace yana ciki amma wani ƙaton dodo mai aman wuta sai kasheni yake tayi ko rabin jininsa ban taɓa ci ba. Yanzu wani a gurup ɗinmu na WhatsApp yace in tura masa sidi 50 ta MoMo zai shigo duniyata ya ajiye min shi, wai ma nasa +10 ne, wato ya kai ƙarshen ƙira a wurin maƙeri. In tura ko in haƙura? Ƙaninka daga Aboabo.

AMSA: Wa alaikumus salam ƙanena. Kar ka tura, riƙe kuɗinka, bari in gaya maka dalili kafin muzo kan dodon.

Gaskiya ne a gem ɗin nan mutum zai iya shigowa duniyarka ya jefar maka da makami a ƙasa ka ɗauka, wannan ba ƙarya yayi ba. Amma akwai ƙa'idar da bai faɗa maka ba, gem ɗin baya bari ka ɗauki makamin da ƙarfin ƙirarsa ya wuce na makamin da kai kanka ka taɓa kaiwa a wurin maƙeri. Kai da kake lebul 24 nasan Uchigatana ɗinka, takobin da Samurai ke farawa da ita, bata wuce +3 ko +4 ba, toh takobi +10 ko ya ajiye a gabanka ba zaka iya ɗauka ba. Sannan a PS4 sai da PS Plus, rajistar nan da ake biya, ake haɗuwa ta intanet, kuma in shi a kwamfuta yake bugawa ku biyun ba zaku taɓa haɗuwa ba ma sam, mai PlayStation da mai kwamfuta kowa da duniyarsa. Kuɗin MoMo kuwa in ya fita ya fita, sai dai kaga ya fice daga gurup.

Amma ko da mutumin mai gaskiya ne, abin da yafi damuna daban ne. Moonveil yana neman maki kamar haka, Strength (ƙarfi) 12, Dexterity (zafin nama) 18, Intelligence (basira) 23. Samurai yana farawa ne da Strength 12, Dexterity 15, Intelligence 9 kacal. Lissafa da kanka, maki 3 a Dexterity da maki 14 a Intelligence, lebul 17 kenan da zaka zuba kafin takobin ya yarda da hannunka, kuma cikin 17 ɗin nan ko ɗaya bai shiga jininka ba. In ka riƙe shi alhali baka cika sharaɗin ba saransa lalacewa yake kuma shuɗin hasken da ya hana ka bacci ba zai fito maka ba. Toh kaga ashe da ka biya kuɗi ka ajiye ƙarfe a jaka.

Yanzu dodon. Sunansa Magma Wyrm, ramin kuma Gael Tunnel, yana kan iyakar Limgrave da Caelid, ƙasar nan mai jan sama da ruɓaɓɓun karnuka. Tunda ka riga ka isa ɗakinsa nasan ka bi ta ƙofar Caelid ka sauka ƙasa, amma ka duba ko ka kunna Grace na biyu, wato wurin hutawar da kake tashi in ka mutu, wanda ke can ƙarshen ramin kusa da ƙofar baya mai fita Limgrave, don daga nan zuwa ɗakin dodon taku kaɗan ne, ba sai ka riƙa ratsa masu haƙar dutsen nan duk sanda ka mutu ba. Su ma masu haƙar fatarsu tauri gareta takobi tsalle yake a jikinsu, wuce su kawai kar ka ɓata kwalbar maganinka akansu.

Abu na farko koma Limgrave ka ƙara jini. In baka zagaya Weeping Peninsula ba can kudu jeka, abokan gaba masu sauƙi ne kuma a cocinan wajen akwai Sacred Tear da ke ƙara wa kwalbar magani ƙarfi. Ka kai Vigor ɗinka, makin jini kenan, 20 ko sama da haka kafin ka koma, ni a ganina wannan yafi komai. Sannan akwai wani ɗan kogo Groveside Cave arewa da Church of Elleh, in ka kashe bos ɗin ciki zai baka laya Flamedrake Talisman mai rage zafin wuta, ɗaura ta, ai don irin wannan ranar aka yi ta.

Cikin ɗakin kuwa wurin ƙunci ne kuma babu hawa doki, shi yasa yake cin mutane. Abin da yafi kisa ba takobinsa bane, rarrafen nan ne da yake yi da gudu yana zubar da narkakkiyar wuta a ƙasa, mutum ya tsorata ya ja da baya ya maƙale a bango wuta ta cinye ƙafarsa. In ka ga ya saukar da kai ya taho kar ka gudu a gabansa, yi gefe da gudu ka zaga bayansa ka barshi ya ƙarasa haukarsa, kuma kar ka taka inda ya zubar sai ta huce. Saran takobinsa jinkiri gareshi, yana ɗagawa ya riƙe kamar mai tunani sannan ya sauke, yawancinmu tun yana ɗagawa muke mirginawa sai mu tashi daidai lokacin da ƙarfen ke saukowa. Jira. Kalli hannun, sai ya fara saukowa ka mirgina. Riƙe takobinka hannu biyu, yi tsalle ka danna R2, irin wannan saran ne ke karya tsayuwarsa har ya faɗi ka samu ka soke shi. Kuma kira ruhohin taimako, kyarketan nan uku ko Jellyfish ɗin da wata mai suna Roderika ke bayarwa a Stormhill Shack, su ɗauke masa hankali kai kana aiki ta baya, ba abin kunya bane don haka aka sa su a gem ɗin, duk wanda yace maka ba jarumta bane ka barshi da bakinsa.

Ranar da ya faɗi zai baka Moonveil da Dragon Heart, kyauta. Kuma dan Allah gaya wa yayanka kana taɓa masa na'ura, gem ɗin na da gurbin mutum 10 kowa zai iya buɗe nasa ba sai an yi faɗa ba.

TAMBAYA: Assalamu alaikum Malam. Ni na samu Moonveil tuni, maki na duk sun cika, amma gaskiya ban ga abin da ake zuzutawa ba. Sau uku huɗu in na harba hasken sai shuɗin layin ƙarfin sihirina ya ƙare, kuma a makarantar matsafan nan Raya Lucaria kamar ina dukansu da tsintsiya. Ko an rage masa ƙarfi ne? Mai gyaran waya daga Alabar.

AMSA: Wa alaikumus salam ɗan uwa. Takobinka lafiyarsa lau, wurin da ka kaishi gwaji ne bai dace ba. Fiye da rabin saran Moonveil sihiri ne, a farkonsa 73 na ƙarfe 87 na sihiri, su kuma mutanen Raya Lucaria sihiri ne sana'arsu jikinsu ya saba dashi, balle shugabarsu Rennala. A can ka rage harba haske ka matsa kusa ka yi ta sara da hannu, matsafan basu da jini sosai, kuma takobin yana tara zubar jini kamar sauran katana. Ka fito daga makarantar ka gwada shi akan sojoji da mahaya zaka ga bambanci.

Na biyu baka faɗi ko ka kaishi maƙera ba, kuma ina zargin nan matsalar take. Moonveil baya cin duwatsun ƙira na gama gari, Somber Smithing Stone yake ci, dutse ɗaya mataki ɗaya har zuwa +10. Akwai ƙaton maƙerin nan Iji da ke zaune yana karatu a bakin hanyar Caria Manor a arewacin Liurnia, yana sayar da na 1 zuwa na 4, kaga da runes, kuɗin cikin gem, kawai zaka kai +4 a zama ɗaya ba tare da ka kashe kowa ba. Mutane da yawa sai su yi ta zuba lebul suna mantawa da maƙeri alhali a farkon gem ƙira tafi lebul ƙara sara nesa ba kusa ba.

Batun shuɗin layi kuma, fasahar sunanta Transient Moonlight, ka danna L2 ya mayar da takobi kube, in ka bi da R1 haske ya fita a kwance ya ci 15, in ka bi da R2 ya sauko daga sama ya ci 20. Toh in Mind ɗinka, makin da ke ƙara shuɗin layin, na nan 11 ko 12 yadda aka baka shi dole ya ƙare da wuri. Ƙara masa maki, sannan in ka zauna a Grace ka raba kwalabenka, ko biyu ka mayar shuɗi masu cika layin. Kuma daina harbawa daga nesa kamar bindiga, hasken baya tafiya da nisa, in kana kusa ƙarfen da hasken duka ke samun mutum lokaci ɗaya. Ni R2 nafi so, na kwancen don taron ƙananan abokan gaba ne, na saman shi ke durƙusar da manya. Abu ɗaya da zaka haƙura dashi, ba a canza masa Ash of War, wato fasaharsa, yadda yazo haka zai zauna. In kuma ka ga ka watsa makinka wurin da bai dace ba, bayan ka kayar da Rennala kai mata wani abu da ake kira Larval Tear zata baka dama ka sake rabawa daga farko, ka tura Intelligence sama sosai don shi da Dexterity ne ke ɗaga saran.

TAMBAYA: Salam. Ni ba mai gem bace, ƙanena ne. Tun da ya fara neman wani takobi a gem senta na unguwarmu kuɗin koko da na makaranta duk can suke tafiya, in wuta ta ɗauke ya dawo gida yana huci kamar an masa sata. Wai dole ne sai ya biya kafin ya samu takobin? Yayarsa daga Asawase.

AMSA: Wa alaikumus salam Hajiya, Allah ya saka da kulawa. A'a, a cikin gem ɗin ba a sayar da makami da kuɗin gaske ko pesewa ɗaya, kuɗin da yake kashewa na awa ne da yake biyan mai senta, kuma gem ne mai tsawo da mutum zai yi awa 60 ko 100 bai gama ba, toh a gem senta tsadarsa ba kaɗan bace, ba kamar ƙwallo bane da za a buga minti goma a tashi. Batun ɗaukewar wuta ki kwantar masa da hankali, gem ɗin yana ajiye ci gaba da kansa a kai a kai, abin da ya samu yawanci yana nan. Shawarata kar ki hana shi gaba ɗaya don zai koma yi a ɓoye, ki yanka masa rana, Asabar bayan ya dawo makarantar allo ko islamiyya, da kuɗin da ku biyu kuka yarda akai, na abinci kuma ki riƙa biyan mai koko da hannunki. Ki nuna masa amsar farko ta sama ya karanta, in ya bi ta zai rage asarar awanni a ɗakin dodon, kuma ki tambaye shi ko akwai wanda ya taɓa ce masa ya turo MoMo.

Masu tambaya akan takubban Rivers of Blood da Dark Moon Greatsword na ga saƙonninku, sai mako mai zuwa in Allah ya kaimu don na biyun, na wata mai suna Ranni, labarinsa da tsawo.