Hukumar zaɓen Amurka za ta iya tilasta wa kamfani ya yi bayanin kuɗin siyasa?

Malam, ka tambaya ko hukumar FEC ta Amurka, mai sa ido kan kuɗin yaƙin neman zaɓen tarayya, na da ikon tilasta wa jami'an kamfani su ba da shaida kan kuɗin da suka zuba a zaɓe. Tana da shi, amma da sharaɗi.

A doka kujerun kwamishinoninta shida ne, kuma sai huɗu sun amince kafin a aika sammaci, abin da kan yi wuya tunda ba a barin jam'iyya ɗaya ta wuce kujeru uku. Idan mutum ya ƙi zuwa, hukumar ba ta kama shi da kanta. Kotun tarayya take zuwa ta nemi umarni, wanda ya bijire wa wannan ne zai fuskanci hukuncin raina kotu.

Inda mutane ke kuskure: suna zaton hukuncin Citizens United na 2010, wanda a cikinsa Kotun Ƙolin Amurka ta ba kamfanoni damar kashe kuɗi kan tallan siyasa na ƙashin kansu, ya buɗe komai. Ba haka ba ne. Ba wa ɗan takarar tarayya kuɗi kai tsaye daga asusun kamfani haramun ne tun 1907. Sannan 'yancin yin shiru don kada mutum ya jefa kansa cikin laifi na ɗaiɗaikun mutane ne. Kamfani ba zai fake da shi ya hana takardunsa ba.

In sammaci ya iso ka, kada ka goge saƙo ko ɗaya, ka nemi lauyan dokar zaɓe. Lauyan kamfani fa kamfanin yake karewa.