Amsa ga ƙanen da ke neman abokan buga Free Fire

Ƙanena, na ga tambayarka tun da safe, sai dai aiki bai bar ni na zauna ba sai yanzu bayan la'asar. Ka ce wata uku kenan kana buga Free Fire, gem ɗin harbe-harben nan na waya, kai kaɗai, hannunka ya fara faɗawa, amma duk lokacin da ka bari gem ɗin ya haɗa ka da mutane sai abin ya ƙare da zagi, ko su tafi su bar ka kwance kana rarrafe. Kana son sanin yadda ake samun 'yan wasa na kirki, da yadda ake shiga cikinsu. Na ga wasu sun ce maka ka ƙara ƙwarewa kawai. Ban yarda da su ba, bari kuma in gaya maka dalili.

Ni na fara da PUBG Mobile ne a 2018, shekarar da ya fito a waya, lokacin ina ɗalibi a Jami'ar Usmanu Danfodiyo da ke Sakkwato. Wayata ta lokacin ba ta iya ɗaukarsa, kafin in sauka daga jirgin da ke zuba 'yan wasa a fili ta yi zafi kamar an ciro ta daga tanda, shi ya sa na koma Free Fire na kamfanin Garena, wanda ya fi sauƙin nauyi. Can a PUBG mutum 100 ake zubawa a fili ɗaya, wasa kan kai rabin awa. Nan mutum 50 ne, kafin ka gama shan shayi an yi Booyah, wato nasara, ko an kore ka. Na ɗan taɓa Call of Duty Mobile bayan fitowarsa a 2019, amma gidana dai Free Fire ne. A duk shekarun nan na buga da mutanen da ba zan iya ƙirgawa ba, kuma ƙwararrun da na sani da yawa har yau ba su da tawaga tsayayya, saboda ba wanda ke iya jure zama da su.

Fara da wannan: daina dogaro da haɗin da gem ke yi maka da kansa. Mutanen da yake kawo maka ba su san ka ba, ba za su sake ganinka ba, don haka ba abin da zai sa wani ya bar ganimar da yake kwasa ya zo ya tashe ka. Wani yaro ne ɗan shekara goma da ya ari wayar yayansa, wani Faransanci yake ji, wani Fotugis, wani kuma ya buɗe makirfo yana sauraren rediyo. Ba mugunta ba ce duka. Kasuwa ce, kowa da abin da ya kawo shi. Amfanin wannan haɗin guda ɗaya ne, wato farauta. Idan ka ci karo da wanda ya tashe ka ba ka roƙa ba, ko ya ajiye maka harsashi, to kada ka bari wasan ya ƙare ba ka tura masa neman abota ba. Cikin mutum huɗun da muke bugawa yanzu, ɗaya haka na same shi. Ɗan Birnin Konni ne, nan ƙetaren Illela. Na ji yana faɗa da ƙanensa da Hausa a makirfo, na yi masa sallama, ya amsa da mamaki. Shekara uku kenan ba mu taɓa haɗuwa ido da ido ba, amma ranar da aka yi masa haihuwa ni ya fara kira.

Sauran biyun kuwa a gari na same su, kuma nan nake ba ka shawarar ka fara nema. Je wurin mai cajin waya na unguwarku da yamma, ko majalisar mai shayi bayan isha'i. A Mabera, Gawon Nama, Arkilla, Runjin Sambo, duk inda ka ga samari sun kwantar da waya a hannu biyu sun sunkuyar da kai, to ka iso. Ka yi sallama ka zauna ka yi kallo tukuna, kada ka fara da cewa a saka ka. In an tashi wasa ka nemi lambar asusun ɗayansu, wadda ke jikin shafinsa, ka tura masa neman abota. Shiga kuma ba wuya: mai buɗe tawaga zai gayyace ka daga jerin abokansa, ko ya karanto maka lambar tawagar ka rubuta, sai ka gan ka tsaye kusa da su. Abu ɗaya da za ka duba shi ne yankin da asusunka yake. Free Fire na raba asusu bisa yanki, in naka yana wani yanki nasu yana wani, za ka yi ta neman sunansu ba ka gani. Wannan na yawan faruwa da masu sayen tsohon asusu a hannun wani, ko wanda aka buɗe masa a ƙasar waje.

Yanzu ga inda maganar take. Ranar farko da suka saka ka, ba kisan da ka yi za su duba ba. Wallahi ba shi ba ne. Abin da za su riƙe shi ne ko ka sauka inda aka ce a sauka, ko ka yi magana da ka ga abokin gaba, da kuma abin da ka yi lokacin da ɗayansu ya faɗi. Na tuna wani yaro da muka gwada, hannunsa ya fi na kowa a cikinmu, ba ƙarya. Mun ce a wurin da ake kira Clock Tower za mu sauka a taswirar Bermuda, shi ya zarce wani wurin mai suna Peak shi kaɗai, ya kashe uku, na huɗu ya kwantar da shi, sai ya hau ihu mu zo. Babbanmu, wani tela a Tudun Wada, ya ce masa: "Wanga yaro, mi kaka yi can? Mu munka aike ka?" Muka yi dariya, amma ba a sake gayyatarsa ba. Wanda ya maye gurbinsa da ƙyar yake kashe mutum ɗaya a wasa, sai dai in ka faɗi kafin ka buɗe baki ya dasa maka bangon ƙanƙara mai tare harsashi ya durƙusa yana tashinka. Da shi muka kai matsayin Heroic, ɗaya daga cikin manyan matakan gem ɗin.

Tayar da mutum ma yana da ƙa'ida. Sabon shiga da zarar ya ga ɗan'uwansa ya faɗi sai ya ruga a guje, a haɗa su biyu a kwantar, domin wanda ya harbi na farkon yana nan ya saita bindiga yana jiran mai zuwa ceto. Ka fara sanin daga ina harbin ya fito. Ka sa bango tsakaninku da shi, ko ka jefa hayaƙi in PUBG ne, inda tashin mutum ke cin daƙiƙa goma cur, kuma daƙiƙa goma a fili ba ƙaramin lokaci ba ne. In kai ne ka faɗi, ka rarrafa zuwa bayan dutse ko gini, ta wajen 'yan'uwanka, kana gaya musu mutum nawa ka gani. Kada ka cika musu kunne da "ku tashe ni, ku tashe ni". Sun gani. Ihun naka yana hana su jin takun mai zuwa.

Magana a makirfo kuwa a taƙaice ake yin ta. "Ga shi can" ba ta da amfani, can ina? Ka ce biyu ne, saman bene, hagu da jan gida. Ka ce na fasa masa rigar kariya, ko harsashina ya ƙare. In ba ka iya kwatance ba, akwai alamar da ake dasawa a taswira, yi amfani da ita. Ka nemi abin kunne ko mai arha ne, domin rabin wasan nan da kunne ake yinsa. In kuma wuri ɗaya kuke zaune ku huɗu, ku kashe makirfo gaba ɗaya ku yi magana da baki, in ba haka ba ƙarar za ta dinga dawowa tana kuwwa. Wani abin dariya da ya same ni a PUBG: na bar makirfona a buɗe ga kowa maimakon 'yan tawaga kawai, ina ta tsara yadda za mu zagaye wani gida a garin Pochinki na cikin taswirar, ashe mutanen ciki suna ji, kuma cikin rashin sa'a Hausawa ne. Sai da suka gama da mu ɗayansu ya ce, "Mun gode da bayani, malam."

Ganima kuma a raba. Kai kana da akwatin magani shida, ɗan'uwanka ba ko ɗaya, in ya mutu ai kai ma ka kusa. Wanda ya yi kisa shi ke fara duba kayan wanda ya kashe, wannan ladabi ne da ba a rubuta ba amma kowa ya san shi.

Sai matsalolinmu na nan gida, waɗanda masu koyarwa a YouTube ba za su gaya maka ba. Akwai 'yar lamba a gefen allo da ke nuna jinkirin saƙo tsakanin wayarka da na'urar kamfanin, 'yan gem na ce mata fing. In tana ƙasa da 100 kana lafiya. In ta haura 200 za ka ga ka harbi mutum bai ji ba, kai kuma ka mutu a bayan bango. Kafin ka shiga wasan matsayi, wato wanda ake ƙara ko rage maki, da mutane, buga wasa ɗaya na banza ka ga yadda sabis yake. A gidanmu ɗakina ba ya kamawa, sai na fito tsakar gida kusa da bishiyar dogonyaro, wani layin kuma da ke aiki a Gidan Dare in ka kai shi Kwannawa sai ya zama labari. Ka gwada layukanka ka san wanne ne na unguwarku. Kiran waya ma yana iya yanke data a tsakiyar faɗa, shi ya sa wasu ke cire layin kira ko su karɓi intanet daga wata wayar. Sannan zafi. A watan Afrilu da Mayu, lokacin da Sakkwato ke haura digiri 40, waya da kanta take rage gudu don kada ta lalace, sai hoto ya dinga tsinkewa. Cire mata riga, kada ka buga tana jikin caji, kuma kada ka ji shawarar masu cewa a saka ta firiji, raɓar da za ta taru a ciki ta fi zafin illa. Mu da rana ba ma wasan matsayi a bazara sam, sai dare. Cajinka ya wuce rabi kafin a fara, domin wuta ba ta sallama in za ta tafi.

Lokaci shi ne abin da ya fi kashe tawaga, fiye da rashin iyawa nesa ba kusa ba. In an ce ƙarfe tara, ka zo tara. Mutum uku ba za su zauna suna ƙona data suna jiranka kullum ba. In ba za ka samu zuwa ba ka aika saƙo tun da wuri. Kada kuma ka danna fara wasa saura minti biyar a kira magariba, domin ko dai ka fita ka bar su uku a gaban huɗu, makinku ya zube, ko ka zauna ka rasa jam'i, kuma duka biyun ba daɗi. Mu dokarmu ita ce in lokacin salla ya matso ba a buɗe sabon wasa, in ma za a yi sai Clash Squad, na huɗu da huɗu, mai saurin ƙarewa. Da azumi muna komawa bayan asham. Idan ka samu abokai a waje ka tuna da bambancin agogo: mu da Nijar lokacinmu ɗaya, Gana suna bayanmu da awa ɗaya, Saudiyya suna gabanmu da awa biyu. Mun taɓa yin sati muna saɓani da wani ɗalibi a Madina kafin mu gane tara ɗinsa ba tamu ba ce.

Game da ƙungiyoyin cikin gem da ake kira gild, suna da amfani don ba ka rasa wanda za ka gayyata, amma ka zauna sati ɗaya ka ga halinsu. In zagin iyaye ne gaisuwarsu, fita, ba a ɗaure ka ba. In shugaban ya ce sai ka biya kuɗin shiga, ko a dinga wasa da sa kuɗi wanda ya ci ya kwashe, wannan caca ce ko da wane suna aka kira ta. Kuma duk wanda ya turo maka wata mahaɗa wai za a ba ka dayamon, kuɗin sayayya na cikin gem, kyauta in ka saka bayanan Facebook ɗinka, ɓarawo ne, ko da kun yi wata shida kuna wasa tare. Wani abokinmu haka ya rasa asusun da ya yi shekara biyu yana ginawa, har da shafinsa na Facebook, aka dinga roƙon kuɗi da sunansa wurin danginsa. Ka ɗaure asusunka da Google ko Facebook, kada ka bar shi a matsayin baƙo, kuma lambar sirrinka ko ɗan tawagarku kada ka ba. Masu amfani da manhajar maguɗi su ma ka guje su, in aka tashi rufe asusu ba a tambayar wa ya kawo wa.

Zagin da ka ce ana yi maka, ba zan ce zai ƙare ba. Akwai maɓallin toshe muryar mutum, danna shi ka ci gaba da wasanka. Amma kai ma ka duba kanka: in an ci ku, kada ka fara neman wanda ya jawo. Telan nan namu in an kore mu da wuri abin da yake cewa kawai shi ne "a sake lale", sai mu koma. Gyara kuwa sai an huce ake yinsa, a ce wane, gobe in za ka shiga gida ka faɗa.

Ɗaya daga cikinmu zai tafi hidimar ƙasa ƙarshen watan nan, kuma an ce inda aka tura shi sabis sai an hau tudu. Kenan muna da gurbi a daren Alhamis da Asabar, ƙarfe tara da rabi. Turo mini lambar asusunka ta saƙon sirri in gayyace ka mu gwada wasa uku. Ka zo da abin kunne da cikakken caji, kuma in tela ya ce Clock Tower, to Clock Tower ɗin.