Kada ka sayar da filin nan, Alhaji

Wani ɗan kasuwa daga Yawuri ya rubuto mini. Ya daɗe yana sana'ar busasshen kifi, yana kuma saro kirefish daga kudu. Ga abin da ya ce a taƙaice: "Bara na ba ɗan ƙanwata naira miliyan 1 da dubu 500 ya buɗe wurin ƙyanƙyasar tarwaɗa a bayan gidana. Sau 4 yana yi wa uwar kifi allura, ƙwai ya ƙyanƙyashe, amma kafin sati ya zagayo 'ya'yan sun mutu. Ya ce jabun allura ake sayar masa. Yanzu ya ce mu bar tarwaɗa mu koma kiwon jatan lande, wai otal-otal na Abuja suna saye da tsada, kuma ya gani a waya cewa da allurar nan, ko kuma da yanke mata ido ɗaya, ake sa ta yi ƙwai. Yana neman miliyan 3. Ina da fili a Birnin Kebbi. In sayar?"

Alhaji, kada ka sayar. Kuma kafin mu je kan jatan lande, ina so ka sake karanta wasiƙarka da kanka. "Ya ce", "ya ce", "ya gani a waya". Daga farkonta har ƙarshe babu wuri ɗaya da ka ce "na duba littafi na ga". Ka fitar da miliyan ɗaya da rabi, an yi asara sau 4, kuma ba ka da ko shafi guda da zai gaya maka ranar da aka yi allura, ƙarfe nawa aka tatsi ƙwai, ko rana ta nawa mutuwa ta fara. Kai da ba ka ba dillali kwandon kifi ɗaya sai ka rubuta, me ya sa ka ajiye alƙalami da aka zo kan ɗan ƙanwarka? Na san amsar. Yana ce maka kawu, uwarsa tana gaishe ka kullum, kana jin nauyin ka ce ya kawo lissafi kada a ce ka zarge shi. Wannan nauyin shi ya ci kuɗinka, kuma shi ne yake shirin cin filinka.

Da akwai littafi, da tuni ka gane cewa allura ba ta da laifi. Tarwaɗa a daji ba ta zubar da ƙwai sai damina ta sauka, ruwa ya malala fadama. A tanki ba ta ganin wannan alama, sai ta riƙe ƙwanta. Allurar da ake yi mata, irin su Ovaprim, homon ce, wato sinadarin da yake kai saƙo a cikin jiki, tana taɓa wani ɗan ƙullutu mai kamar ƙwayar gero a ƙarƙashin ƙwaƙwalwar kifin, shi kuma ya ba ƙwai umarnin nuna ya saku. Rabin mililita ake yi wa kowane kilo na nauyin uwa. In ruwa na da ɗumi daidai, wajen digiri 27 zuwa 28, bayan awa 10 zuwa 12 sai a matsa cikinta a hankali ƙwai ya zubo a roba, a yanka namiji a ciro maniyyinsa a gauraya, a baza a kan raga. Kwana ɗaya ya ƙyanƙyashe. To, a nan aikin allura ya ƙare. Jabun allura akwai ta a kasuwa, kuma ta kirki ma tana lalacewa in aka bar ta a rana, amma alamarta ita ce a matsa ciki ƙwai ya ƙi fita. Kai kuwa da bakinka ka ce sau 4 ƙwai yana ƙyanƙyashewa.

Mutuwa cikin satin farko labarin ruwa ne da abinci. Ɗan tarwaɗa yana fitowa da ɗan guzurinsa na kwanduwa a ciki, wanda zai kai shi kwana 3. Daga nan dole ya sami abin da zai shiga ɗan bakinsa, kuma abin da masu ƙyanƙyasa suka fi dogara da shi shi ne Atemiya, wadda ita kanta ƙanwar jatan lande ce: busasshen ƙwanta ne ake sayarwa a gwangwani, da yawansa daga wani babban tafkin gishiri na jihar Yuta a Amurka. Tana da tsada, shi ya sa nan ne hannun yaro yake fara rawa. Ko ya rage, ko ya maye gurbinta da kwanduwar ƙwan kaza ya ɓata ruwa. Ga kuma mataccen ƙwai, wanda yake yin fari fat a kan raga; in ba a tsame shi ba ya ruɓe ya kashe masu rai a dare ɗaya.

Na taɓa zuwa wurin wani mai shago a Jega da ya shiga irin halinka, shi ƙanensa ya ba jari. Sau 3 suna asara, har an fara maganar baki da sammu a gidan. Na isa da azahar a watan Afrilu. Tankunan suna ƙarƙashin rumfar kwano, na tsoma hannu na ji ruwa kamar wanda aka sirka na wanka. Gwangwanin Atemiya yana kan taga a buɗe, rana na dukansa. Na tambayi yaron ma'aunin zafin ruwa, ya ce ba shi da shi. Na tambaye shi littafi, ya nuna mini kansa. Yaron nan bai saci ko kwabo ba, yana kwana a wurin, idonsa ya yi ja don rashin barci. Abin da ya rasa mai tambaya ne. Yayan ya ce mini yana jin kunyar ya titsiye shi. Kafin su farga jarin shagon ya yi rabi, kuma zumuncin da ake tattali shi ma ya yi tsami, don har yau iyayensu mata ba sa ga maciji.

Yanzu jatan lande. Ita ba kifi ba ce, kuma ba ta da wancan ƙullutun da allurar tarwaɗa take taɓawa. Dangin ƙaguwa ce, tsarin jikinsu daban. A cikin sandar da idonsu yake tsaye a kai akwai wata 'yar gaɓa da take fitar da homon iri-iri, ɗaya yana hana ƙwai nuna, wani yana hana saɓa. Wato linzamin haihuwarta a ido yake. Wani masani a Faransa ya nuna haka tun 1943, daga baya masu kiwon jatan landen teku a Asiya da Kudancin Amurka suka mai da shi sana'a: a yanke ido ɗaya, linzami ya saki, ƙwai ya nuna cikin 'yan kwanaki. Abin da yaron ya gani a waya ke nan, kuma gaskiya ne. Abin da bidiyon bai gaya masa ba shi ne wannan ta teku ce, a ruwan teku ake ƙyanƙyasarta. Uwar da aka yanke wa ido kuma tana saurin rauni, ingancin 'ya'yanta yana raguwa, har wasu manyan kantuna a Ingila sun fara cewa ba sa son wadda aka samar ta wannan hanya. Ni kaina ba na son a cire wa halitta ido tana raye saboda riba.

Jatan landen ruwan daɗi kuwa, mai dogayen hannuwa, ba ta bukatar allura ko yanke ido. Macen tana yin saɓa, namiji ya sadu da ita jikinta na da taushi, ta ɗauki ƙwanta a ƙarƙashin ciki wajen sati 3. Matsalar tana zuwa bayan ƙyanƙyasa. 'Ya'yan ba sa rayuwa a ruwan daɗi, cikin 'yan kwanaki suke mutuwa. Sai ruwan da ya haɗu da na teku, wajen giram 12 na gishiri a kowace lita, kusan kashi ɗaya cikin uku na gishirin teku, kuma gishirin miya kaɗai ba ya wadatarwa. A can za su yi ta saɓa suna sauya kama har mataki 11, wajen wata guda, suna cin Atemiyar nan mai tsada, kafin su iya komawa ruwan daɗi. Wani masani mai suna Ling ne ya gano wannan a Penang ta Malesiya a 1961, bayan an daɗe ana asarar 'ya'yan ba a san dalili ba. A Senegal ma, da aka gama madatsar Diama a 1986 aka tare hanyar da take bi tsakanin kogi da bakin teku, sai ta kusa ɓacewa a ɓangaren kogin da ke sama da madatsar. Yaron da ya kasa raya ɗan tarwaɗa kwana 7 a ruwan rijiyar gidanka, shi ne zai haɗa ruwan teku a Yawuri, ya riƙe zafinsa da iskarsa dare da rana har wata guda da wutar janareta? Kirefish ɗin da kake sarowa ma ba kiwonta ake yi ba, kamo ta ake yi a bakin teku a busar.

Maganar otal-otal na Abuja kuwa ba na son ji sai na ga takarda. Wane otal? Kilo nawa a sati? Nawa za su biya, yaushe? Wa zai kai ta a ƙanƙara? Na gaji da lissafin da ake yi a kan tabarma: uwa ɗaya ƙwai dubu 50, a ninka da farashin ɗan kifi, an zama miloniya kafin la'asar. Duk mai ƙyanƙyasa na gaskiya ya san abin da yake kai wa sayarwa kaɗan ne daga cikin abin da ya ƙyanƙyashe, ga manyan cikinsu suna cinye ƙanana in ba a rarrabe su ba, ga hunturu da yake sa uwaye su ƙi yin ƙwai mai kyau.

Ga abin da zan yi da ni ne kai. Kira shi bayan sallar isha'i, kai da shi, ba a gaban uwarsa ba. Ka ce masa: "Ɗana, ban ce ka ci mini kuɗi ba. Amma zauna ka rubuta mini inda miliyan ɗaya da rabi ta shiga, abin da ka tuna ka rubuta, abin da ka manta ka ce ka manta." Yadda ya karɓi wannan magana zai gaya maka ko za a ci gaba. In ya fusata, ka rufe wurin, ka sayar da tankunan. In ya sunkuyar da kai ya ɗauki biro, to akwai mutum a wurin, ka tura shi New Bussa. Cibiyar binciken kifin ruwan daɗi ta ƙasa tana can kusa da madatsar Kainji, da kwalejin koyar da sana'ar, kuma ba ta yi muku nisa ba. Ko ka haɗa shi da wani mai ƙyanƙyasa da ya shekara yana sayarwa, ya yi masa wata 2 yana wanke tanki.

In ya dawo, gwaji ɗaya za ka biya, da uwa 2 kacal, kuma kada kuɗin ya wuce abin da za ka iya rasawa ba tare da ka taɓa jarin busasshen kifinka ba. Atemiya da ma'aunin zafi kai za ka saya da hannunka ka riƙe rasit. A rataya littafi a jikin ƙofa: nauyin uwa, lokacin allura, zafin ruwa safe da rana da dare, lokacin tatsa, ranar fara ba da abinci, da adadin da aka tsame matattu kowace safiya. Kai kuma kullum kafin ka fita kasuwa ka leƙa, ka karanta, ka sa hannu. Bayan sati 4 ka ɗauki hoton shafukan ka turo mini, mu duba ranar da mutuwa ta fi yawa da abin da ma'auni ya nuna a daren da ya gabace ta.