Fatalwa a Farko, Gunki a Ƙarshe: Amsoshi Ga Masu Neman Fina-finan Ban Tsoro na Tamil

Wasiƙun wannan makon sun karkata ne ga fina-finan ban tsoro na jihar Tamil Nadu da ke kudancin Indiya, waɗanda ake shiryawa a birnin Chennai. Na zaɓi huɗu daga ciki, na taƙaita su.

Tambaya ta farko daga wani magidanci ne a Zariya. Ya ce: "Malam, yarana sun matsa mini in tura musu Kanchana da Aranmanai 4 a memori, su kalla a falo lokacin hutu. Babban shekararsa 14, ƙaramar 7. Mai tura fim ya ce barkwanci ne zalla. Wani abokina kuma ya ce bautar gumaka ce tun daga farko har ƙarshe. Maganar wa zan ɗauka?"

Alhaji, kowanne a cikinsu ya faɗa maka rabin gaskiya. Mai tura fim ya ba ka labarin awa ɗaya ta farko, abokinka ya ba ka na rabin awar ƙarshe.

Fina-finan nan tsarinsu kusan ɗaya ne. Ana buɗewa da gida mai yawan jama'a da raha. Sai wani abu ya fara motsi da dare. Sai a tono cewa an taɓa kashe wani bisa zalunci, ruhinsa ne ya dawo ɗaukar fansa. Idan abin ya fi ƙarfin ɗan sanda da likita da boka, sai labari ya nufi wurin bauta, a can ake warware shi. Wannan sashe na ƙarshe shi ne abin da mai kallo a biranen Tamil Nadu irin su Madurai ko Salem ya biya kuɗinsa don ya gani, don haka nan darakta yake zuba kuɗi da kiɗa da siddabarun kwamfuta.

Ɗauki Kanchana na 2011, wanda Raghava Lawrence ya ba da umarni kuma ya fito jarumi. Matsoraci ne na ƙin ƙarawa, ko banɗaki ba ya iya zuwa da dare sai mahaifiyarsa ta raka shi, kuma Kovai Sarala da ta fito a uwar tana da ban dariya ƙwarai. Yaranka za su yi dariya har da hawaye. Amma fatalwar da ta shige shi ta wani ne da aka haifa namiji ya koma rayuwar mata, iyayensa suka kore shi, wani Musulmi ya riƙe shi, daga baya wani ɗan majalisa ya kashe su saboda fili. Sarathkumar ne ya fito a matsayin wannan da ya koma rayuwar mata. Shi kuwa Lawrence yakan shafa kurkur a jiki, ya sa awarwaro, ya ɗaura tufafin mata idan abin ya motsa. A tsakiya an kai shi wajen wani malamin Musulmi mai cire aljanu. A ƙarshe mugun ya gudu ya ɓuya a ɗakin bautar Narasimha, abin bautar Hindu mai kan zaki, yana ganin fatalwa ba ta isa ta shiga ba, sai ta tsaya a ƙofa ta kai ƙara wajen gunkin, sannan ta shiga ta kashe shi. Akwai jini sosai a wurin. Duk waɗannan abubuwa ne da yarinya 'yar shekara 7 za ta yi maka tambaya a kansu, ko ta kwana tana firgita.

Aranmanai 4 na Sundar C, wanda ya fito a 2024, ya fi tsabta ta fuskar jini, kuma labarinsa yana taɓa zuciya: Tamannaah Bhatia ta fito a uwar da ta mutu amma ruhinta ya tsaya gadin 'ya'yanta daga wani aljanin ruwa mai rikiɗa, Baak, wanda aka aro daga tatsuniyoyin jihar Assam da ke arewa maso gabashin Indiya. To amma ƙarshensa bikin Amman ne sosai da sosai, da waƙar yabo da rawa, har tsoffin jarumai Khushbu da Simran aka gayyato don wannan waƙa kaɗai.

Ya kamata ka san wace ce Amman, don ita ce ginshiƙin yawancin fina-finan nan. Abar bauta ce mace ta ƙauyukan Tamil, mafi shahara a cikin siffofinta ita ce Mariamman, wadda masu bauta mata suke danganta ta da ruwan sama da cututtuka irin su agana da ƙaranbau. Kayan bautarta sanannu ne: ganyen darbejiya, lemon tsami da ake sokawa a mashi mai baki uku, kurkur, tukunyar wuta, da tufafi ja ko rawaya. Watan Aadi, daga tsakiyar Yuli zuwa tsakiyar Agusta, shi ne lokacin bukukuwanta, inda wasu ke taka garwashi da ƙafa. Ana kaɗa wata 'yar ganga mai siririn ƙugu, sai ka ga mace ta saki gashi tana jijjiga, a ce abar bautar ce ta sauka a kanta. Wanda ya taɓa ganin hawan bori zai gane yanayin nan take. Da ka ga darbejiya da lemon tsami sun fara yawa a fim, to an kama hanyar can.

Abin ba daga Sundar C ya fara ba. A 1995 Kodi Ramakrishna ya yi Ammoru da yaren Telugu, aka juya shi zuwa Tamil da sunan Amman, Ramya Krishnan ta fito a abar bautar da ke kare wata marainiya daga matsafi. Kasuwa ta buɗe, daraktoci irin su Rama Narayanan suka biyo da Rajakali Amman da Palayathu Amman a shekarar 2000. Waɗancan fina-finan ibada ne da aka sa wa tsoro. Na yanzu fina-finan tsoro da barkwanci ne da aka ajiye wa ibada wurin zama a ƙarshe.

Kada ka dogara da cewa fassarar Hausa za ta gyara. Mai fassara yana da iko da magana, yana iya sauya kalma ko ya jefa zolaya, amma hoton mutum yana sujada ga gunki, gunkin kuma ya amsa masa, yana nan yadda yake. Hukuncin kallo a addini na malamai ne, gare su za ka kai wannan. Shawarata ta mai kallo ita ce: kada ka ba ƙaramar ko ɗaya daga cikin biyun. Babban kuwa, in ka ga dama, ka fara jan fim ɗin zuwa minti talatin na ƙarshe ka gani da idonka kafin ka yanke shawara, a gaban mai shagon, kafin ka biya. In ka amince, ku kalla tare, don ka samu bakin yi masa bayani.

Tambaya ta biyu daga mai shagon tura fina-finai ne a Maraɗi: "Yallaɓai, rumbun kwamfutata ya kusa cika. Ina son in ƙara na ban tsoro na kudancin Indiya, amma kwastomomi biyu sun dawo suna faɗa wai na tura musu fim ɗaya da suna biyu. Wasu kuma suna cewa in ba su mai tsoro wanda babu gumaka. Me zan ajiye, me zan goge?"

Ɗan'uwa, matsalar suna ta daɗe. Fim ɗaya yakan fito da Tamil, a juya shi Telugu da wani suna, kamfanoni irin su Goldmines su juya shi Hindi da suna na uku, sannan ya iso mu da sunan da masu fassara suka raɗa masa. Aranmanai na 2014 shi ne Rajmahal a Hindi. Aranmanai 4 shi ne Baak a Telugu. Kanchana 3 na 2019 shi ne Kaali Ka Karishma. Yavarum Nalam na 2009 shi ne 13B. Aval na 2017 shi ne Gruham, shi ne kuma The House Next Door. Laxmii na Akshay Kumar, na 2020, sabon ɗauka ne da wasu jarumai, amma labarin Kanchana ne, kuma Lawrence ɗin ne dai ya ba da umarni. Maganin abin shi ne ka riƙa rubuta shekara da sunan jarumi a jikin kowane fayil, sannan ka goge maimai. Nan kaɗai za ka samu wuri.

Sai ka raba su gida biyu. Gidan farko na masu son hayaniya da dariya: Muni na 2007, Kanchana ukun, Aranmanai huɗun, da Dhilluku Dhuddu na Santhanam. Su ne masu tafiya a kasuwa, ba na musu. A gaskiya ni dai Aranmanai 3 da Kanchana 3 ba su ƙara komai a kan na baya ba, tsohon zance ne da sabbin 'yan rawa, in wuri ya ƙure su za ka fara sallama.

Gida na biyu shi ne amsar masu cewa ba sa son gumaka, kuma a ganina nan gwanintar take. Pizza na 2012, fim ɗin Karthik Subbaraj na farko, da Vijay Sethupathi a matsayin yaro mai kai abinci da ya maƙale a wani gida. Demonte Colony na 2015, abokai huɗu da suka shiga kangon gida a wata unguwa ta gaske a Chennai, ɗayansu ya ɗauko sarƙa. Kusan duk rabin ƙarshe a ɗaki ɗaya aka yi shi. Maya na Nayanthara, shi ma 2015. Eeram na 2009, inda ruwa ne makamin kisa. Pisasu na Mysskin, 2014, wanda ya fi kusa da ban tausayi. Sai Yavarum Nalam, inda Madhavan ya lura cewa wasan kwaikwayon da matan gidansa ke kallo a talabijin yana nuna abin da zai same su. Ko a waɗannan za a iya ganin ɗan duba ko ɗakin bauta na cikin gida, don Indiya ce, amma ba a wurin gunki ake kashe wutar labarin ba. Aval kuwa ka ajiye shi gefe, hukumar tace fina-finai ta Indiya ta ba shi shaidar A, ta manya zalla, kada ka tura wa yaro ko da ya zo da kuɗinsa.

Wata ɗaliba daga Kano ta tambaya: "Yaya, in biya kuɗin wata a manhajar kallo, ko in ci gaba da zuwa shago? Fina-finan Tamil kawai nake so."

Ƙanwata, kafin ki biya ko sisi, ki tabbatar fim ɗin da kike nema yana cikin jerin da ake nuna wa Najeriya, don Netflix da Prime Video kowace ƙasa da abin da suke ba ta. Ki roƙi mai rajista ya duba miki sunaye biyar a wayarsa. In uku babu, ki riƙe kuɗinki. Ki tuna kuma da data: fina-finan nan sukan kai awa biyu da rabi, kuma a hoto mai kyau sosai awa ɗaya tana iya cin gigabait 3, a matsakaici kuwa ba ta kai 1 ba. Ki sauke a matsakaici. Can za ki samu muryar asali da rubutun Turanci a ƙasa, babu Hausa. In fassarar ce ke sa ki jin daɗin fim, shago ya fi miki.

Ta ƙarshe daga wani malamin makaranta ne a Gombe: "Na kalli Bhool Bhulaiyaa tuntuni. An ce in nemi Chandramukhi, sai na tarar guda biyu ne. Wanne zan saya?"

Malam, na 2005. Labarin ka riga ka san shi, don tushensu ɗaya: Manichitrathazhu na yaren Malayalam, 1993. Daga shi aka yi Apthamitra na Kannada a 2004, P. Vasu ya sake yin sa da Tamil a 2005, na Hindi da ka gani ya biyo baya a 2007. Duk da haka ya cancanci kuɗinka saboda mutum biyu: Jyothika a matsayin matar da ta ɗauki kanta wata mai rawa ta zamanin da wadda sarki ya kashe, da Rajinikanth a matsayin likitan ƙwaƙwalwa, musamman inda ya rikiɗe ya zama sarkin. Fim ɗin ya yi kwana 890 ana nuna shi a sinimar Shanti da ke Chennai. Abin da ya bambanta shi da su Kanchana shi ne likita da malamin Hindu tare suka yi aikin, a ranar bikin Durga, wata abar bautar Hindu, kuma an bar mai kallo ya zaɓa ko taɓin hankali ne ko fatalwa. Na biyun, na 2023, da Lawrence da Kangana Ranaut, ya rufe wannan ƙofa, ya ce fatalwa ce kawai, ya kuma maimaita kusan duk abin da na farko ya yi ba tare da Rajinikanth ba. In wani ya ba ka kyauta ka kalla, amma kada ka kashe datarka a kansa.