Amsa: Arduino Uno zai iya fitar da siginar sine (mai hawa da sauka sumul) kuwa?

Malam, ka ce kana son na'urar fitar da sigina mai arha don gwada amfilifaya, kuma Uno, ƙaramin allon kwamfuta na Arduino, kawai gare ka. Zai yi, amma ka sani Uno na asali (R3) ba shi da DAC, wato ɓangaren da ke mayar da lambobi su zama siginar lantarki. Abin da umarnin analogWrite ke bayarwa PWM ne, wato kunnawa da kashewa kurum, wajen 490 Hz a yawancin ƙafafunsa.

Sai ka yi naka DAC ɗin: ka haɗa tsanin R-2R, wato jerin rezisto 10k da 20k, a ƙafafu 0 zuwa 7, ka samu matakai 256. Ka ajiye jadawalin sine a ƙwaƙwalwa, ka riƙa rubutawa kai tsaye a PORTD, rajistar da ke sarrafa ƙafafu 0 zuwa 7 a lokaci ɗaya, don umarnin digitalWrite tafiyar hawainiya yake yi. Ga wurin da na sha wuya: ƙafa 0 da 1 su ne na USB, sai da na zare wayoyinsu kafin firogiram ya shiga. Kuma ka sayi rezisto masu 1%, in ba haka ba siginar za ta fito da gargada.

Ni dai da kuɗin ya kai, AD9833 zan saya, wani guntun IC mai fitar da sigina. Ta SPI, hanyar sadarwa tsakaninsa da Uno, ake sarrafa shi, yana kai 12.5 MHz, sai dai ƙarfinsa wajen 0.6 V ne, ga amfilifaya kuwa ya wadatar.